Dutse Na Sha Takwas a Jirgin Ya'u

A Tungar Dudu, can bakin tafkin Kainji ta ƙasar Ngaski, in ka tambayi gidan Ya'u sai an ce maka wanne, don Ya'u uku gare su. Amma in ka ce Ya'u Mai Dutse, ko matar da ke suyar ƙosai a bakin hanya za ta nuna maka gidan da baki, tana danne dariya. Mai sunan ba ya son sunan, amma ba ya hanawa. In an kira shi da shi yakan amsa ne kansa a sunkuye, kamar wanda wani abu ya faɗo masa tsakanin ƙafafu.

Da can Ya'u Shaida ake ce masa. In masunta biyu suka yi rigima a kan wanda ya fara kafa mamari, igiyar nan mai jerin ƙugiyoyi, a wata kwana, shi ake kira. In an raba gado an rasa wanda ya tuna iyakar gona, shi ake kira. Ba malami ba ne, ba mai sarauta ba, masunci ne kawai mai dogon wuya da ƙaramar murya, amma in ya ce haka aka yi, to an gama magana. Yadda aka yi sunan farko ya faɗi na biyu ya hau, sai an koma baya.

A tsohuwar tunga aka haife shi, wadda yanzu jirage ke wucewa ta samanta. Yana da shekara goma aka tare kogi ruwa ya fara hawa. Abin da ya fi tunawa shi ne Innarsa ɗauke da dutsen niƙa a ka, tana hawa tudu tana waiwaye. Da aka zaunar da su a sabon wuri, ma'aikata suka ɗauki dattawa biyar suka zaga da su bayan gari, suka nuna musu wani guntun turken siminti da aka binne tun zamanin Turawa, suka ce daga nan zuwa bakin ruwa naku ne, bayansa kuwa gandun daji ne na gwamnati. Dattawan suka dawo suka faɗa wa mutane a ƙofar masallaci, kowa ya ce to, aka ci gaba da ginin ɗakuna. Ba wanda ya sake zuwa duba dutse. Dattawan nan biyar kuma ɗaya bayan ɗaya suka riga mu gidan gaskiya.

Ya'u ya girma a jirgin babansa. Ya iya jefa birgi, ragar nan ta kamun kifi, ya iya ɗaura ƙugiyoyin mamari da sauri har hannunsa ba ya ganuwa. Yana da ashirin da biyar ya auri Hansatu, mace gajeruwa mai kaifin ido da kaifin baki, a shekarar kuma ya samu jirgin kansa. To, ga inda matsala take. Tsohon kogi yana da duwatsu, in kana son abin da zai riƙe maka jirgi sai ka sunkuya ka ɗauka. Sabuwar gaɓa kuwa laka ce zalla, ka yi tafiyar sa'a ba ka ga dutsen da ya kai ƙwan kaza ba. Ga iskar tafki da ke tasowa bayan azahar. Masunta sukan cika buhu da yashi su ɗaura masa igiya, buhun ya yi wata biyu ya ruɓe. Rannan buhun Ya'u ya fashe yana cikin duba mamari, iska ta kwashe shi da sabon jirgi ta kai shi cikin tarun kamun kifin wani dattijo, ya yayyaga masa shi. Aka yi sati ana masa dariya a bakin ruwa. Ango ne, amarya kuma tana jin komai.

Farkon damina ne. Wata safiya akuyar Hansatu ta ɓata, ya bi sawunta bayan gari. A hannunsa akwai ɗanyen sandan ceɗiya da ya saro a ƙofar masallaci don ya yi turken jirgi. Bai ga akuya ba tukuna sai ya yi tuntuɓe da wani abu cikin ciyawa. Ya buɗe ciyawar, sai ga dutsen siminti mai kusurwa huɗu, a samansa da zoben ƙarfe kamar an yi shi ne musamman don a zura igiya. A gefen zoben an zana lamba: ɗaya da takwas.

Ya san abin gwamnati ne. Wannan kam ya sani, bai taɓa musantawa ba ko a zuciyarsa. Abin da ya ce wa kansa shi ne gwamnati tana da duwatsu da yawa, shi kuwa jirginsa ɗaya. Ya haƙa gefe, ya zura sandan ya danna. Dutsen ya ƙi, ya ƙi, can sai ya karye ta ƙugu, gindin ya zauna a ƙasa, saman ya biyo shi. Da ya ga ramin ya ji tsoron kada dabbar wani ta karye a ciki, ga shi kuma hannu biyu yake bukata don ɗaukar kaya, sai ya soka sandan ceɗiyar a ramin ya tura ƙasa da ƙafa. Ya ɗora dutsen a ka ya bi ta bayan gonaki ya sauka bakin ruwa. Akuyar da kanta ta dawo gida da yamma.

Dutse kuwa ya yi dutse. Ko iska ta yi yaya, in Ya'u ya jefa shi, jirgi ya tsaya kamar an kafe shi. Ya naɗe samansa da igiya da tsinken robar taya har lamba ta ɓace. In an tambaye shi inda ya samo, sai ya ce wajen masu aikin hanya. Sandan da ya soka kuma ruwan sama ya bi ta kansa ya yi saiwa ya tofo.

Shekara goma sha biyu ba wanda ya ce komai. Sai rannan 'yan gadin daji suka zo zagayen iyaka suka ƙirga duwatsu, ɗaya babu. Wanda ya fi kusa da wurin shi ne Bappa, wani Bafillace da ya kafa rugarsa a bayan gari da shanunsa. Suka ce shi ya tumɓuke don ya faɗaɗa makiyaya. Aka tara mutane a ƙofar maigari, Bappa yana tsaye da sandarsa a kafaɗa yana cewa bai taɓa ba. Ya'u yana wurin. Yana zaune a jeri na biyu, igiyar dutsen ma ba ta gama bushewa daga tafin hannunsa ba. Ya buɗe baki sau ɗaya, maƙwabcinsa ya dube shi, sai ya mai da abin tari. Aka tafi da Bappa ya kwana uku a tsare, bai fito ba sai da iyalinsa suka kai jan bijiminsa kasuwa.

Juma'ar da ta biyo baya Ya'u ya zaɓi kifin ragon ruwa mafi girma a kamunsa ya kai ruga. Ta gaba ma haka. Bappa ya fara aiko da ƙwaryar nono. Mutane suka ce kai, Ya'u mutumin kirki ne, kowa ya guji Bafillacen nan shi kaɗai ya riƙe shi. A kan wannan ma aka ƙara yarda da shi. Duk lokacin da aka yabe shi sai ya ji kamar ya haɗiyi ƙaya, amma kifi bai fasa zuwa ruga ba, nono bai fasa zuwa gari ba, har gashin kansu su biyun ya yi fari. Suna tsokanar juna kamar kowane Basarke masunci da Bafillace.

"Basarke, yau ma ƙarnin kifi ya riga ka sallama."

"To kai hwa, Ardo marar jama'a? Ƙudan shanunka sun fi talakawanka yawa."

Shekara uku da suka wuce, wata Talata da hantsi, motoci biyu suka shigo Tungar Dudu. Mutane masu kaki suka sauka da bokitin jan fenti suka bi gida-gida suna zana alama a bango, har masallaci, har ɗakin shan magani. Suka ba maigari Lawali takarda: garin duka da gonakinsa cikin gandun daji yake, an ba su wata uku su tashi, za a dasa itatuwa. Mata suka fito da ludayi a hannu suna kallon fentin yana zuba a bango. Wata tsohuwa ta zauna a ƙasa ta ce ita ruwa ya kore ta sau ɗaya, yanzu kuma itace zai kore ta, to a bari ta mutu a nan a dasa a kanta.

Allah ya taimake su da Jamila, ɗiyar ƙanwar maigari, wadda ta yi karatun lauya take aiki a Birnin Kebbi. Ta zo ta shigar da ƙara a kotu a Yauri, alƙali ya ce a dakata da tashin kowa sai an ji magana. Da ta dawo ta tara dattawa a zauren kawunta, ta ɗauki tsinke ta zana musu a ƙasa.

"Ga dutse na sha bakwai a nan, yana nan. Ga na sha tara can, shi ma yana nan. Na sha takwas ne babu. Su sun ja layi miƙe daga wannan zuwa wancan, sai gari ya faɗa ciki. Tsohuwar takarda ta ce layin ya karya a na sha takwas, amma gara ta cinye rabin shafin, ba a san ta ina ya karya ba. In mun nuna inda dutsen nan yake, mun tsira. In ba mu nuna ba, ni dai zan yi iyakar ƙoƙarina."

Maigari ya ce, "Waɗanda anka nuna ma dutsen duk sun mutu. Amma muna da Ya'u. Ya'u, kai ka san bayan garin ga kamar tahin hannunka."

Kowa ya juya ya dube shi da fuskar sauƙi, kamar an riga an ci shari'a. Ya'u ya ce to.

Ranar da aka kira shi shaida ya sa farar rigarsa ta sallah. Magatakarda ya miƙo Alƙur'ani, sai Ya'u ya ja hannu baya ya ce ba shi da alwala. 'Yan garinsu da ke bayan kotu suka dubi juna, don tare suka yi alwala da shi a famfon waje. Aka ce to ya yi alkawarin faɗin gaskiya da baki, ya yi. Jamila ta tambaye shi ko ya taɓa ganin dutsen, ya ce da idonsa, har lambar ya gani. Sai lauyan ɗaya ɓangaren ya miƙe, wani mai ƙiba mai yawan murmushi.

"Baba, ka ce ka ga dutse. Yanzu ina yake?"

"Allah shi ya sani."

"Haka ne, Allah ya san komai. Kai nake tambaya. Wa ya cire shi?"

Ya'u ya dubi fankar da ke juyawa a sama. Ya ce, "Ban sani ba."

"Dutsen da ba ka san inda yake ba, ba ka san wanda ya ɗauka ba, ta yaya za ka nuna mana inda ya zauna tun shekarun baya? Ko kifi ne ya faɗa maka?"

Aka yi dariya, har da wasu 'yan Tungar Dudu da ba su so yi ba. Alƙali ya ce shi da kansa zai je ya ga wurin ranar Alhamis ta sama, in babu abin da za a nuna masa, zai yanke hukunci da abin da ke gabansa.

Washegari Ya'u bai shiga ruwa ba. Ya zauna a tsakar gida yana gyaran birgin da ba abin da ya same shi. Hansatu tana bakin banda tana juya kifi, hayaƙi yana sa ta ƙifta ido. Can ta yi magana ba tare da ta waiwayo ba.

"Malam, an ce jiya alwalarka ta karye tsakanin hwamho da ƙohwar kotu."

"Tsuhwa ce."

"Tsuhwa. To. Shekarar da munka yi aure, wa yac canza ma dutsenka igiya da kat tahi Yauri jinyar babanka? Ni ce. Ban yi boko ba, amma na san ɗaya, na san takwas."

Allurar birgi ta tsaya a hannunsa.

"Tun sannan kin sani?"

"Tun sannan. Da anka kama Bappa na ce yau zai yi magana. Ba ka yi ba. Na ce to mijina na, ba ni tona mai. Kowace Juma'a ni ka zaɓen kihin da kaka kai mai, kana tsammanin don ina son Hillani na? Nima da rabona cikin abin ga." Ta aje ƙarfen juya kifi ta juyo, idanunta jajaye, ko na hayaƙi ne ko na wani abu. "Amma yanzu gari na, Malam. Kabarin Innarka yana cikin layin nan da sunka ja. Da na ɗiyanmu biyu."

"In na hiddo shi, mi za a ce da ni? Ya'u Shaida, wanda yab bari anka ɗaure mutum, yat tsaya gaban alƙali yay yi ƙarya?"

"Haka za a ce. Kuma gaskiya za a hwaɗi."

Ya tashi ya sa hula ya nufi bayan gari. Sandan da ya soka yanzu ceɗiya ce da mutum biyu ba za su iya rungume ta ba, saiwoyinta sun sauko kamar igiyoyi. Shekara da shekaru yana kauce mata, yana bi ta wata hanya in zai je ruga. Yau ya tsaya a gindinta ya duba gabas, ga gari da gonaki duk a gabanta, ta wajen ruwa. Ya ji sanyi a ransa. Sai ya juya ya duba yamma, sanyin ya koma wani abu. Bukkokin Bappa da turakun maruƙansa suna bayan itacen, taku kamar hamsin. In nan ne iyaka, gari ya fita, ruga ta shiga.

Bappa yana zaune a inuwar ceɗiyar a kan buzu, idanunsa sun yi hazo, sai da Ya'u ya yi sallama ya gane shi.

"Basarke, yau ba Juma'a ba, kuma ban ji ƙarni ba. Lafiya?"

Ya'u ya durƙusa a gabansa, abin da bai taɓa yi ba. Ya faɗa masa komai, tun daga akuyar Hansatu har fankar kotu. Bai ɗaga kai ba sai da ya gama. Bappa ya murza carbi, sannan ya ce:

"Ka tuna shekarar da ka ƙetare da ni kasuwar Wara, matata tana ciwo? A kan dutsen nan na ɗora ƙafata. Robar ta zame. Ni ma na ga lamba."

"Kuma ba ka ce komai ba?"

"Kana tuƙa ni da marar lafiya, ka ƙi karɓar ko sisi. A tsakiyar ruwa zan ce maka ɓarawo? Da muka sauka kuma kunya ta hana ni. Na ce zai faɗa da kansa. Na jira." Ya ɗan yi murmushi marar daɗi. "Kifinka yana da daɗi, Ya'u, amma ba shi nake jira ba."

Ya'u ya ce, "In na nuna wurin, rugarka ta shiga daji."

"Na san inda rugata take."

"To mi kac ce in yi?"

"A'a. Kada ka ɗora mini wannan ma. Kai ka ɗauke shi, kai ka san inda za ka aje." Ya juya fuska wajen shanu. Can ya ce, kamar da kansa yake magana, "Bijimin nan ja ne, da fari a goshi. Da hannuna na ba shi gishiri ranar da za a tafi da shi."

Ranar Alhamis alƙali ya zo da hantsi, da lauyoyi, da wani safiyo mai awon ƙasa da na'urarsa mai ƙafa uku, da 'yan sanda biyu. Gari duka ya bi su bayan gari. Aka nuna na sha bakwai, aka nuna na sha tara, aka tsaya a tsakiya ana kallon ciyawa. Maigari yana ta waige yana tambayar ina Ya'u. Jamila ta riƙe takardunta a ƙirji.

Sai aka ji mata sun yi shiru daga baya, shirun yana tahowa gaba. Mutane suka dare. Ga Ya'u nan tafe daga bakin ruwa, tsoho mai shekara sittin da biyar, ba riga sai 'yar shara, da dutse a ka, ruwa da gansakuka suna zubo masa a fuska, guntun igiya yana reto a kafaɗarsa. Wuyansa yana rawa. Wani ya ce a kawo jaki, ya girgiza hannu. Ya bi ta tsakiyar mutanen da ya yi wa shaida shekara talatin, bai dubi kowa ba, ya wuce alƙali, ya kai gindin ceɗiya ya sauke. Ya zaro wuƙa ya yanke roba da igiya, ya goge saman da tafin hannu.

"Ranka shi daɗe, ga na sha takwas. Ni na cire shi, shekara arba'in ke nan. A jirgina yake. Gindinshi yana ƙarƙashin ceɗiyar ga, ni na dasa ta a ramin. Abin da na hwaɗi a kotu ƙarya ta. Bappa kuma da anka ɗaure, bai taɓa shi ba."

Da farko ba wanda ya yi motsi. Sai wani masunci daga baya ya ce, "La ilaha illallahu! Dutsen da nike aro in na tahi ruwa mai zurhi?" Wata mata ta ce, "Mu muna nan muna saida awaki muna zaryar kotu, ashe iyakar garinmu tana can tana kamun kihi!" Wasu suka fashe da dariya, wasu suka fara zagi. Maigari Lawali ya dube shi kawai, wannan kallon kuma ya fi zagin ciwo. Jamila ta matso a hankali ta ce, "Baba Ya'u, da ka faɗa mini tun a zaure." Ya ce, "Da na iya, ɗiyata."

Lauya mai murmushi ya ce dutsen da ya yi shekara arba'in yana yawo a tafki ba ya shaidar komai, kowa yana iya aje shi inda ya ga dama. Alƙali ya ce a haƙa. Aka kawo diga da gatari, aka yi ta fama da saiwoyi har rana ta take. Ya'u yana tsugune a gefe, ba wanda ya tsaya kusa da shi sai Hansatu. Wajen azahar diga ta yi ƙara. Aka share ƙasa da hannu, sai ga gindin siminti, saiwa ta rungume shi ta ko'ina. Aka ɗauko saman aka ɗora. Ruwa ya cinye gefunansa, amma ƙarfen da ke tsakiya ya shiga raminsa daidai, karayar ta hau karaya. Safiyo ya kafa na'urarsa ya auna daga na sha bakwai, ya duba lamba ɗaya da gara ta bari a tsohuwar takarda, ya gyaɗa wa alƙali kai.

Kafin alƙali ya shiga mota ya kira Ya'u ya ce masa cire dutsen iyaka laifi ne, ƙarya a gaban kotu kuma ta fi shi. Ya'u ya ce ya sani. Alƙalin ya daɗe yana kallon gansakukar da ta bushe masa a gira, sannan ya ce zai duba.

Bayan wata huɗu aka yanke hukunci. Tungar Dudu da gonakinta da makabartarta suna wajen gandun daji, ba mai tashinsu. Abin da ke bayan ceɗiya kuwa na daji ne, a tashi kafin damina. Ya'u aka ja masa kunne a gaban jama'a aka sallame shi saboda shekarunsa da kuma don shi ya kawo kansa. Aka yi guɗa a gari, aka kankare jan fenti daga bango. Ba wanda ya zo ya yi masa godiya, shi ma bai sa rai ba. Tun daga ranar ba a sake kiransa shaidar ko kaza ba.

Gona ɗaya gare shi, wadda ya gada, a gefen gari ta arewa. Ya je wurin maigari ya ce a rubuta ya ba Bappa ita ya kafa ruga. Maigari ya ce, "Kai kuma mi za ka ci?" Ya ce akwai ruwa. Da aka kai wa Bappa saƙo bai ce na gode ba, bai ce ba na so ba. Sati biyu bayan haka aka ga 'ya'yansa suna kafa bukkoki a gonar. Inuwar ceɗiyar da ya zauna a ƙarƙashinta shekara da shekaru yanzu ta koma bakin iyaka, an kafa sabon turke fari a gindinta, shanunsa ba sa zuwa.

Ya'u yana nan yana su. Ya koma buhun yashi kamar kowa, kuma yakan fita tun kafin sauran masunta su taru a gaɓa, don kada a tambaye shi ko yau da wace iyaka zai kama kifi. Ranar Juma'a har yanzu Hansatu tana zaɓar babban kifi, shi kuma ya kai ruga ya aje a bakin bukka. Sukan gaisa da Bappa, lafiya lau, ya shanu, ya ruwa. Tsokanar nan ta Basarke da Ardo dai ba ta dawo ba. Da yamma ƙwaryar nono takan iso kamar kullum. Hansatu ta dama fura ta aje masa a gaba, ya ɗauki ludayi ya juya, ya juya, ya ce mata bari ta ɗan huce tukuna, alhali fura ce mai sanyi.